Gumi ya fi sanyi kisa: yadda matan Inuit ke ɗinka tufafin fata

Mafaraucin Inuit da ya fita neman abinci a tsakiyar hunturu abu biyu yake nema a wurin rigarsa, ta fitar da gumi kuma ta riƙe ɗumi, kuma abubuwan nan biyu ba sa ga maciji da juna. Da safe zai yi ta gudu a gefen karnukan da ke jan kekensa marar taya, mai zamewa a kan tekun da ya daskare, yana ɗaga kaya, yana saran ƙanƙara, har jikinsa ya ɗau zafi ya fara gumi. Can an jima sai ya iso bakin ɗan ramin da dabbar tekun nan da ake kira sil take zuwa shaƙar iska, ya sunkuya a kansa da mashi a hannu, ba motsi, ba tari, wani lokaci na sa'o'i da yawa, domin dabbar tana jin takun ƙafa daga ƙarƙashin ƙanƙara. Sanyin wurin yakan kai digiri 30 ko 40 ƙasa da sifili, ga iska tana kaɗawa. Rigar da ta shanye gumin safe ita ce za ta daskare a jikinsa sa'ad da ya tsaya, kuma wanda rigarsa ta daskare a irin wannan fili da wuya ya koma gida.

Inuit su ne mutanen da ke zaune a ƙuryar arewacin duniya, daga gaɓar Alaska, a ratsa arewacin Kanada, har tsibirin Girinland. A Kanada kaɗai ƙidayar 2021 ta same su kimanin 70,000, mafi yawansu a Nunavut da Nunavik da Nunatsiavut da yankin Inuvialuit. Ƙasa ce da auduga ba ta fitowa, kakanninsu ba su kiwon tumaki, kuma galibinta babu itace. Abin da dabba ta zo da shi a jikinta, shi ne yadi, shi ne zare, wani lokaci shi ne ma allura. Wanda ya ga hotonsu yakan ɗauka dabarar ba ta wuce a lulluɓe mutum da gashi mai kauri ba. A ganina kaurin shi ne mafi ƙanƙantar al'amarin. Tun daga watan da ake harbin dabbar har zuwa yadda allura ke shiga fata, kusan kowane mataki an tsara shi ne don a hana laima zama a cikin tufa. Kuma aikin ba ya ƙarewa ranar da aka gama ɗinki.

Babban yadin hunturu fatar karibu ce, wata irin barewa mai rassan ƙaho da ke yawo garke-garke a filayen arewa, wadda Inuit ke kira tuktu. Gashinta ba cushe yake ba. Kowane sili cike yake da ƙananan kofofi na iska, ga kuma wani lallausan gashi a gindinsa. Iskar da ta tsaya wuri ɗaya ita ce ke riƙe ɗumi, shi ya sa fatar take da zafi alhali ba ta da nauyi. Sai dai ba kowace fatar karibu ke ɗinkuwa ba. A ƙarshen hunturu gashin ya yi tsawo da kauri, yana karyewa, yana zubewa, fatar lokacin sai dai shimfiɗa. Ga kuma wani ƙuda da ke saka ƙwai a gashin dabbar, tsutsarsa ta yi hunturu a ƙarƙashin fatar baya, ta huda ta fito idan ɗumi ya zo, ta bar fatar da ramuka. Sai a jira dabbar ta zubar da tsohon gashi, sabo ya tsiro, ramukan su warke. Wannan yakan faɗo ne a watan Agusta zuwa Satumba. Cikin 'yan makonnin nan mafarauci zai tara fatun da iyalinsa za su saka har shekara ta zagayo. Idan garke ya canza hanya a wannan kaka, gidan ya shiga uku tun kafin sanyi ya sauka, ko da akwai nama a ajiye.

Bayan wata, sai shekarun dabba da sassan jikinta. Fatar ɗan karibu tana da laushi, ita ake yi wa yara kaya da ita, da rigunan ciki. Ta manyan maza tana da kauri, ta fi dacewa da abin da zai sha wuya. Fatar ƙafafu gashinta gajere ne, kwance, ba ya saurin zuba, saboda haka ita ke zama dogon takalmi da safar hannu. Farin gashin ciki, wanda suke kira pukiq, shi ake yankawa siri-siri a yi ado da shi. Mai ɗinki takan sa bayan dabba ya zama bayan riga, fatar kai ta zama hular riga, har a wasu wurare akan bar kunnuwan a hular yara. Akwai imani a ciki, cewa mai saye da fatar yana ɗaukar wani abu na halin dabbar. Akwai kuma lissafi, domin wurin da fata ta saba lanƙwasawa a jikin dabba, nan za ta fi jure lanƙwasa a jikin mutum.

A nan ne Bahaushen da ya san majema zai tsaya ya yi mamaki. Majemi a Kano ko Sakkwato yana cire gashi, ya jiƙa fata a ruwan bagaruwa har ta jemu, ta zama abin da ruwa da zafi ba sa ruɓar da shi da sauƙi. Galibin Inuit ba su da bagaruwa, ba su da ɓawon itacen da zai maye gurbinta, in ka ɗebe wasu sassan Alaska inda ake samun ƙananan itatuwan da ake rina fata da ɓawonsu. Fatar karibunsu ba jemammiya ba ce. Bayan fiɗa sai a shanya ta a iska, gashi a ƙasa, nesa da wuta. Idan ta bushe ta ƙame, sai a ɗumama ta. A da mutum yakan kwana da ita a jikinsa, ɓangaren nama yana taɓa fatarsa, don zafin jiki ya sassauta ta. Sai a bi ta da makankari marar kaifi a farfasa ƙamewar, a yayyafa mata ruwa, a naɗe, a bar ta ta kwana, a sake miƙar da ita da makankari, a ƙarshe a bi ta da mai kaifi har ta yi fari ta yi laushi. Aiki ne na kwanaki a kan fata guda, mai cin kafaɗa da wuyan hannu, kuma a wurare da yawa maza suna kama wa mata shi. Kankarewa ta yi yawa, gindin gashi ya bayyana, gashin ya zube. Ta yi kaɗan, rigar ta yi tauri ta riƙa ƙara, sil ya ji ya gudu.

Fatar da aka gyara haka tana barin tururin jiki ya ratsa ta, ba ta ƙamewa a tsananin sanyi, kuma ta fi jemammiya sauƙin nauyi. Amma ɗanya ce a haƙiƙa. Sanyin ƙasar ne kawai yake hana ta lalacewa. Ta jiƙe ba a shanya ba, ta ruɓe. A shanya ta kusa da wuta, ta ƙame ta tsage. Mai karatu ya riƙe wannan, domin abin da ya ba tufar ƙarfinta shi ne daga baya ya zame mata rauni.

Cikakkiyar shigar hunturu riga biyu ce da wando biyu. Ta ciki, atigi, gashinta yana fuskantar jiki, kuma asali a kan tsirara ake saka ta, ba singileti a ƙarƙashi. Ta waje, qulittaq, gashinta yana waje. Bakin gashin ta ciki ne kawai ke taɓa mutum, saboda haka akwai iska tsakaninsa da fatar, akwai wata iskar tsakanin rigunan biyu, akwai ta cikin gashin kansa. Rigar ba ta da maɓalli, ba ta da tsaga a gaba, ta kai ake zura ta, don kada iska ta sami ƙofa. Tana da yalwa, kuma bakinta na ƙasa a sake yake, ya sauko ya rufe saman wando. Wanda bai sani ba zai ce ai sanyi zai shiga ta nan. Ba ya shiga sosai, domin iska mai ɗumi sama take tashi, ta taru a ƙirji da kafaɗa, muddin wuya a rufe yake. Idan mafarauci ya ji zafi ya fara yawa, sai ya ture hular baya, ya saki wuyan rigar, iska mai laima ta fice ta sama, busasshiya ta shigo ta ƙasa. Ya zo tsayuwa, sai ya ja hular. Hannun rigar ma an faɗaɗa hammatarsa yadda mutum zai iya janye hannunsa ciki ya ɗumama shi a ƙirji ba tare da ya tuɓe ba. Duk wannan shiga nauyinta bai cika wuce kilo 4 zuwa 5 ba.

Bakin hular kuwa akan kewaye shi da gashi mai tsawo na kyarkeci, ko kare, ko yanyawar ƙanƙara, amma wanda aka fi so shi ne na wata dabba mai faɗa da ake kira wulbarin. Numfashin mutum laima ne, yana fita yake daskarewa a kan duk abin da ya tarar. A gashin wulbarin ƙanƙarar ba ta kamawa, bugu ɗaya sai ta kakkaɓe. Kuma da yake silin gashin ba tsawo ɗaya ba ne, yana karya ƙarfin iska ya bar wata 'yar iska mai ɗumi a gaban fuska. A 2004 wasu masu bincike sun gwada ire-iren bakin hula a na'urar hura iska, suka tarar irin na Inuit mai faɗi, wanda gashinsa ya baje ya zagaye fuska, ya fi sauran hana zafin fuska tsiyayewa.

Karibu yana da aibi guda babba: ba ya son ruwa. Da zarar ƙanƙara ta fara narkewa sai a koma fatar sil, wadda ba ta kai shi ɗumi ba amma tana da mai a jikinta, ga ƙarfi. Gyaranta daban ne. Mace za ta ɗora ta a kan allo, ta bi ta da ulu, wuƙar mata mai baki kamar rabin wata, ta yanke kitsen tas ba tare da ta huda fatar ba, ta wanke, ta ɗaure a jikin katako ko ta kafe da turaku a ƙasa ta bushe. Kitsen da ya rage yana ƙona fata ya mai da ita rawaya. Idan takalmin shiga ruwa ake so, sai a aske gashin a bar baƙin saman fatar, domin shi ke tare ruwa. Idan fara ake so don ado, sai a jiƙa ta a ruwan zafi gashi da baƙin su saɓule, a rataye ta a waje cikin sanyi da iska su mai da ita fara fat.

Takalmin, kamik, shi ne jarrabawar mai ɗinki. Ƙasansa daga fatar ugjuk ake yanka shi, wani babban sil mai gashin baki, wanda fatarsa idan ta bushe take tauri ƙwarai. Babu abin da ke sassauta ta yadda ake so sai haƙori. Mace za ta bi gefen fatar tana taunawa har ta yi laushin da za a iya tanƙwara ta sama, a tattara ta a yatsu da diddige da ƙananan tattara masu kai ɗaya, ta zama kwano da ƙafa za ta zauna a ciki. Ta haka layin ɗinki yake hawa sama da inda ƙafa ke taka ruwa. Tsofaffin mata da yawa haƙoransu sun side har kusa da dasashi saboda wannan aiki, kuma masu tonon kayan tarihi suna ganin alamar a ƙasusuwan mutanen da. A cikin takalmin akwai safa ta fata mai gashi a ciki, wani lokaci da wani ɗan takalmi a tsakani, a wasu yankuna kuma akan shimfiɗa busasshiyar ciyawa ta tsotse gumin ƙafa, a canza ta idan ta jiƙe.

Zaren, ivalu, jijiyar bayan karibu ce. A zare ta, a kankare naman, a shanya, a riƙa tsaga ta sili-sili gwargwadon kaurin da ake so. Halinta shi ne idan ta jiƙe takan kumbura, ta toshe ramin da allura ta yi. A kan wannan aka gina ɗinkin da ba ya yoyo, wanda suke kira ilujjiniq. Layi biyu ne. A na farko allura tana ratsa fata ɗaya gaba ɗaya, amma a ta biyun rabin kaurinta kawai take shiga ta fito. Sai a juya aikin, a yi layi na biyu a ɗaya gefen, wannan karon wadda aka ratsa ɗazu ita ake shiga rabinta. Idan an gama, babu rami ko ɗaya da ya bi ta cikin fatun biyu daga waje zuwa ciki. A tuna cewa fatar da ake raba kaurinta biyu da bakin allura siririya ce, kuma an yi shekaru aru-aru ana wannan da allurar ƙashin tsuntsu ko ta haure, a hasken fitilar kitse, a watannin da rana ba ta fitowa. Ba mamaki da allurar ƙarfe ta zama cikin abubuwan da Inuit suka fi nema a hannun Turawan farko da suka iso musu.

Babu awo da tef, babu takardar yanka. Mai ɗinki tana auna mutum da ido da taƙi da faɗin yatsu, ta yanka fatar ta ɓangaren nama don kada wuƙa ta datse gashi. Takan kauce wa sa layin ɗinki a kan kafaɗa, inda kaya ke gogawa kuma dusar ƙanƙara ke sauka. Gashi kuma ƙasa yake kallo, don abin da ya zubo ya gangara. Yarinya tana fara koyo tun tana ƙarama da ɗinka wa 'yar tsana kaya, daga nan safar hannu, sai can daga baya a ba ta takalmi.

Abin da hotuna ba sa nunawa shi ne aikin dare. Kafin mutum ya shiga ɗaki zai cire rigar waje ya bubbuge ta da sanda ta musamman, ya kakkaɓe duk ƙanƙarar da ta maƙale a gashi, ya bar ta a wuri mai sanyi. Idan ya shiga da ita ƙanƙarar za ta narke ta jiƙa fatar. Laimar da ta ratso daga jiki ta daskare a rigar ma haka ake yi mata, a bar ta ta zama gari a kakkaɓe. Wato sanyin kansa ne ke busar da tufar. Safa da safar hannu da takalmi kuwa sai a ɗora su a kan ragar da ke saman fitilar kitse, wadda suke kira qulliq, su bushe a hankali, uwargida tana juya su. Da asuba ta sake tauna takalmin da ya ƙame, ta duba kowane layi, ta ɗinke inda ya saki kafin mijin ya fita. Kullum haka. Duk da wannan kula, karibu yana ta zubar da gashi, kuma mafarauci yakan buƙaci sabbin kaya kusan kowace shekara. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka: namijin da ba shi da mai ɗinki ba zai iya farauta ba, mai ɗinkin da ba ta da mafarauci ba ta da fata. Shi ya sa doguwar tafiya a da ba ta yiwuwa sai da mace a ayari, kuma Robert Peary, Ba'amurken da ya yi ta yunƙurin kaiwa can ƙarshen arewacin duniya har 1909, matan Inughuit na arewacin Girinland ne suka ɗinka wa mutanensa kaya.

Rigar mata, amauti, ta cancanci a tsaya a kanta. Mutane da yawa suna cewa a cikin hula ake goyon jariri. Ba haka ba ne. Akwai aljihu da aka faɗaɗa a bayan rigar, ƙarƙashin hular, nan yaro yake zaune, jikinsa a jikin uwarsa, ɗamara ta tare shi daga ƙasa. Hular tana da girma don ta rufe su biyun kuma iska ta riƙa kai masa. An yalwata kafaɗun yadda uwa za ta iya zagayo da shi gaba ta ba shi mama ba tare da iskar waje ta taɓa shi ba. Nan yake rayuwa har ya kai shekara biyu ko fiye. Yankan gaban rigar da dogon bayanta sun bambanta daga yanki zuwa yanki, har wanda ya sani yana iya faɗin inda mace ta fito daga ganin amautinta.

Inda babu karibu, sai a ɗauki abin da ke akwai, tsarin bai canza ba. A tsibiran Belcher da ke cikin tekun Hudson karibu ya ƙare a ƙarshen ƙarni na 19, mutanen tsibiran suka koma ɗinka riguna da fatar agwagwar teku, gashin tsuntsu da komai. A arewa maso yammacin Girinland maza suna saka wandon fatar farin beyar. A Alaska ana wanke hanjin sil ko na walras, wata ƙatuwar dabbar teku mai dogayen haure, a hura shi ya bushe, a tsaga, a haɗa shi ya zama rigar ruwa marar nauyi da haske ke ratsawa. Kuma dabarar tsohuwa ce. A 1972 wasu 'yan'uwa biyu mafarauta suka tarar da gawawwaki takwas a ƙarƙashin dutse a Qilakitsoq, kusa da garin Uummannaq a yammacin Girinland, mata shida da yara biyu, waɗanda suka rasu wajen shekarar 1475. Sanyi da busasshiyar iska sun adana su tare da tufafi 78. Akwai rigunan ciki na fatar tsuntsu, na waje na fatar sil, da takalma masu ciyawa a ciki, ɗinkin kuma matan Girinland na yau suna gane shi. Huɗu daga cikin gawawwakin suna gidan tarihi na ƙasa a Nuuk, babban birnin Girinland.

Kafin Kiristanci ya shigo, akwai dokar da ta raba kayan tudu da na teku. A wurin mutane irin su Netsilik, wani reshen Inuit na arewacin Kanada, ba a ɗinka sabuwar fatar karibu a kan ƙanƙarar teku, don kada a fusata Nuliajuk, wadda wasu ke kira Sedna, uwar dabbobin ruwa a imaninsu, ta hana sil fitowa. Saboda haka a ƙarshen kaka akan yi zango a gaɓa, mata su duƙufa ɗinki, ba a tashi sai kowa ya sami kayansa. Ba na so in mai da imanin mutane dabara kawai, su da gaske suka ɗauke shi. Amma ko ba a faɗa ba, dokar ta tabbatar babu wanda ya hau teku a tsakiyar hunturu da rabin riga.

Tsibirin King William da ke arewacin Kanada ya ga gwajin tufa sau biyu. A 1845 John Franklin, hafsan sojan ruwa, ya bar Ingila da jirage biyu, Erebus da Terror, ya shiga tekun arewacin Kanada da mutum 129, cikin kayan ulu na gashin tumaki da yadin sojan ruwa. Ƙanƙara ta kama jiragen kusa da tsibirin, babu wanda ya tsira. Ba tufa kaɗai ta kashe su ba, akwai yunwa da cuta, amma sun mutu ne a ƙasar da iyalai da jarirai suke rayuwa a cikinta. A 1903 Roald Amundsen, mutumin Norwe, ya iso wannan tsibiri da ƙaramin jirginsa Gjøa, ya yi hunturu biyu a wurin da yanzu ake kira Gjoa Haven, ya saka kayan Netsilik, ya koyi yadda ake zama a cikinsu. Da wannan ilimi da karnuka ya isa ƙuryar kudancin duniya ranar 14 ga Disamba 1911. Robert Scott, Baturen Ingila, ya iso bayansa da wata ɗaya da 'yan kwanaki, ya mutu a hanyar komawa. Akan so a taƙaita labarin a ce fata ta ka da ulu. Ni ban yarda da wannan taƙaitawa ba. Mutanen Scott da ƙarfinsu suke jan kaya yini guda, kuma wanda ke wannan aikin cikin rigar karibu biyu gumi zai jiƙa shi sharkaf. Tufar Inuit an yi ta ne don tafiyar karnuka, da saurin da ba ya kai mutum ga jiƙewa. Amundsen ya ɗauko rigar tare da salon tafiyar da ta dace da ita, abin da ya bambanta shi ke nan.

A 1995 masu bincike a Kanada, cikinsu har da Jill Oakes da Rick Riewe, sun zaunar da mutane a ɗakin sanyi mai digiri 28 ƙasa da sifili, wasu cikin kayan karibu, wasu cikin na sojan Kanada, wasu cikin na masu tafiye-tafiyen ƙanƙara da masana'anta ta yi. Masu kayan karibu ne jikinsu ya fi riƙe ɗumi. To me ya sa yau a titunan Iqaluit, babban birnin Nunavut, rigar kanti ta fi yawa? Domin rayuwar da ke riƙe da tufar ce ta canza. A shekarun 1950 da 1960 gwamnatin Kanada ta tattara Inuit a garuruwa, aka kwashi yara zuwa makarantun kwana a daidai shekarun da yarinya ke zama kusa da uwarta tana kallon hannunta. Gidajen katako masu na'urar ɗumama ɗaki suka maye gurbin ɗakin ƙanƙara da tanti, kuma fatar da ba a jeme ba ba ta zama a ɗaki mai zafi. Sai an ajiye ta a rumfa a waje ko a firiza. Mai aikin ofis da ke shiga da fita sau goma a yini ba abin da zai yi da rigar da ke zubar da gashi a kujera. Matar da ke aikin albashi kuma ba ta da daren da za ta ba takalmi.

Sai kuma bugun da ya zo daga Turai. Masu fafutukar kare dabbobi sun yi kamfe a kan kisan jariran sil masu farin gashi da 'yan kasuwa ke yi a gaɓar Newfoundland, har ƙungiyar ƙasashen Turai ta hana shigo da fatarsu a 1983. Inuit ba wannan farauta suke yi ba; wani irin sil suke kamawa, suna cin namansa, fatar kuma su ɗinka wata su sayar da wata. Amma mai saye a Turai bai tsaya bambancewa ba, kasuwar fatar sil gaba ɗaya ta rushe. A lokacin babur ɗin ƙanƙara ya riga ya maye gurbin karnuka, kuma kuɗin fata ne ke sayen fetur da harsashi. Da kuɗin ya yanke, fita farauta ta ragu, fatar da ke shigowa gida ta ragu, abin da yarinya za ta koyi ɗinki a kansa ya ragu. A 2009 Tarayyar Turai ta faɗaɗa haramcin, ta ce ta ware Inuit, sai dai warewa ba ta da amfani a kasuwar da aka riga aka ɓata wa suna. Ƙungiyar Greenpeace ta Kanada ta nemi gafarar Inuit a 2014, bayan shekara talatin da ɓarnar.

Duk da haka sana'ar ba ta mutu ba. Mafarautan da ke tafiya mai nisa a tsakiyar hunturu har yanzu suna neman kayan karibu da kamik, domin sun san abin da ke faruwa idan inji ya mutu nesa da gari. Dattawa mata suna koyarwa a ajujuwan ɗinki a garuruwan Nunavut, a Sisimiut ta Girinland akwai makarantar koyon kayan gargajiya, ƙungiyar matan Inuit ta Pauktuutit kuma tun farkon shekarun 2000 take neman a kare yankan amauti daga kamfanonin da ke kwaikwaya. Amauti na yadi ya zama ruwan dare, kuma yana aikinsa na goyo. Abin da ya fi damuna shi ne fatar kanta. Garken karibu na kogin George, tsakanin Kwibek da Labrador, wanda ya kai wajen 800,000 a farkon shekarun 1990, ya dawo kimanin 5,500 a 2018, kuma Labrador ta hana farautarsa tun 2013. A tsibirin Baffin ƙidayar 2014 ta sami ƙasa da 5,000, gwamnatin Nunavut ta dakatar da farauta a farkon 2015, daga baya ta buɗe da ƙayyadadden adadi. Ana iya sayen fatar da masana'anta ta jeme, tana da kyau a ido, ba ta wari, tana zama a ɗaki mai ɗumi, amma masu ɗinki sun san ba ta tare ruwa da sanyi kamar wadda aka gyara a gida. Yarinyar da ta koyi ɗinki a kan irin wannan fata za ta iya yanka, za ta iya allura. Kankarewa, da gane fatar Agusta daga ta Oktoba da taɓawar hannu, sai an sami ɗanyar fata a gida, kuma a yankunan nan ita ce ta yi ƙaranci.